Hajiya Gambo Sawaba, 'Yar Baƙo da Ta Tsaya wa Matan Arewa

'Yan'uwa maza da mata, a shafin tarihi na wannan Juma'a za mu leƙa Zariya ne, mu ɗauko rayuwar wata baiwar Allah da kusan kowa ya san sunanta a jikin allon asibiti, amma kaɗan ne a cikin matasanmu za su iya faɗin abin da ta yi har aka sa wa asibitin sunan nata.

An haifi Hajiya Gambo a shekarar 1933. Sunanta na yanka Hajaratu, amma da yake ita ce ta biyo bayan tagwaye, sai Gambo ya bi ta kamar yadda al'ada take. Mahaifinta, Malam Isa Amarteifio, ba ɗan ƙasar nan ba ne. Daga ƙasar da yanzu ake kira Gana ya zo, aikin reluwe ya kawo shi, ya karɓi Musulunci, ya zauna a Zariya. Mahaifiyarta Fatima kuwa Banufiya ce. To kun ga, mu da neman abinci ya tara mu a nan Mararaban Rido daga garuruwa daban-daban, wannan gida irin namu ne. Duk wanda ya san yadda layin dogo ya tara ƙabilu a Kafanchan, ya san irin unguwar da ta rene ta, domin Sabon Garin Zariya ma haka yake: Bahaushe, Bayarabe, Banufe, Ibo, kowa da yarensa, kasuwa ɗaya.

Karatun bokonta bai yi nisa ba. Ta fara firamare ta En'e a Tudun Wada, sai mahaifinta ya rasu a 1943 tana 'yar shekara 10, bayan shekara uku mahaifiyar ma ta bi shi. Tana da shekara 13 aka yi mata aure da wani tsohon soja da ya dawo daga Yaƙin Duniya na Biyu. Tana ɗauke da cikin 'yarta Bilkisu ya tafi, bai dawo ba. Wanda ya riƙe wannan a ransa ba zai yi mamakin yadda daga baya ta riƙa magana da zafi a kan aurar da yarinya tun ba ta san ciwon kanta ba, da cire ta daga makaranta. Ba a littafi ta karanto abin ba.

A watan Agusta na 1950 aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, wadda Malam Aminu Kano ya zo ya jagoranta. Jam'iyyar talakawa ce, kuma kalmar da ta riƙe ita ce sawaba, wato a samu sauƙi daga danniyar En'e, da harajin da ya fi ƙarfin mutum, da aikin tilas. ('Yan'uwanmu mutanen Nijar za su tuna cewa su ma sun yi jam'iyya mai suna Sawaba a ƙarƙashin Djibo Bakary, wadda aka haramta a 1959.) Daga wannan kalma Gambo ta samu laƙabinta. Ta shiga NEPU tana 'yar shekara 17, a lokacin da ko namiji mai gemu sai ya yi shawara da zuciyarsa kafin ya karɓi katin jam'iyyar, don abin yana iya jawo masa rasa rumfarsa ta kasuwa ko kwana a hannun 'yan doka. Ba a daɗe ba ta zama shugabar mata ta reshen Sabon Gari.

Ba ta tsaya a Arewa kaɗai ba. Ta yi tattaki har Abeokuta wajen Funmilayo Ransome-Kuti, wadda ta haɗa kan matan kasuwa suka yi ta zanga-zanga a kan harajin da aka ɗora wa mata, har sarkin garin, Alake, ya sauka daga sarauta na wani lokaci a 1949. Can ta ga da idonta abin da mata ke iya yi in sun haɗa kai.

Abin da take nema fa ba boyayye ba ne. A wancan zamani matar Arewa ba ta da ƙuri'a. A babban zaɓen 1959, wanda ya kai ƙasar nan ga samun mulkin kai, matan Kudu sun shiga layi sun zaɓa, iyayenmu da kakanninmu mata na Arewa kuwa suna gida, Musulmarsu da Kiristarsu, daga Sakkwato har Kafanchan. Jam'iyyar NPC mai mulkin Jihar Arewa ta tsaya a kan cewa lokaci bai yi ba, al'adar mutane ba za ta ɗauka ba. A ganina wannan hujja ba ta da ƙarfi a ƙasar da ta san Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda tun kafin zuwan Turawa ta riƙa tura jajis ƙauye-ƙauye suna karantar da mata. Ba kuwa ina rage darajar shugabannin wancan lokaci ba ne, sun yi ayyukan da har yau muke cin moriyarsu, Allah Ya jiƙansu. Amma a wannan batu, yarinyar Sabon Gari ta fi su hangen nesa.

Yadda ta yi aikin shi ne abin lura. Matan da ke cikin kulle ba sa zuwa filin lacca, sai ita ta riƙa bin su gida-gida, tana shiga inda namiji ɗan siyasa ba zai wuce zaure ba. Da aka tura ta Kano a farkon shekarun 1950 don ta haɗa kan mata, hukuma ta kama ta tare da mata kusan 200, aka ce sun yi taro ba izini, alƙali ya yanke musu wata guda-guda a gidan yari. Bayan haka aka kore ta daga Kano, aka maida ita Zariya. A 1956 kuma ta ja tawagar mata zuwa ofishin Firimiya Sa Ahmadu Bello a Kaduna suna neman a ba matan Arewa ƙuri'a. Ba a ba su ba.

Masu rubuta tarihinta sun ƙirga ɗaurin da aka yi mata har sau 16. Sau 16, jama'a! An yi mata bulala, an aske mata kai, 'yan bangar siyasa sun yi mata dukan da ya zubar mata da haƙora. Sai kuma abin da ya fi duka ciwo ga 'ya mace, wato ɓata suna. A lokacin duk macen da ta fito siyasa, sunan banza ake kiran ta da shi, kuma da yake aurarrakinta ba su daɗe ba, masu zagi sun samu abin riƙewa. Wannan makami bai tsufa ba. Yau ma in mace ta fito neman kujerar kansila, kafin a tambayi me za ta yi wa unguwa, sai a fara da ina mijinta. Alhali mun san hukuncin yi wa mace ƙazafi a addininmu, ba ƙaramin abu ba ne.

Jamhuriya ta Farko ta faɗi a 1966 matan Arewa ba su taɓa jefa ƙuri'a ba. Sai a 1976, lokacin gyaran tsarin ƙananan hukumomi a zamanin Janar Obasanjo, aka buɗe musu ƙofa, sannan suka shiga babban zaɓen 1979. Shekara 20 ke nan cur tsakanin tattakin Kaduna da biyan bukata. A Jamhuriya ta Biyu ba ta bi Malam Aminu zuwa PRP ba, GNPP ta Alhaji Waziri Ibrahim ta shiga, har ta zama mataimakiyar shugaban jam'iyyar na ƙasa. Ba ta taɓa zama minista ko gwamna ba, ba ta kuma tara abin duniya ba. Abin da aka san gidanta da shi shi ne yaran da ba ita ta haifa ba, marayu da marasa galihu da take ɗauka tana riƙewa, ba ta duba ƙabilarsu.

Ƙofar da ta sha duka a kanta, matan wannan yanki namu sun bi ta cikinta. Nenadi Usman ta wakilci Kudancin Kaduna a Majalisar Dattawa daga 2011 zuwa 2015, Dakta Hadiza Balarabe 'yar ƙaramar hukumar Sanga kuma aka zaɓe ta mataimakiyar gwamna a 2019. Ko kana jam'iyyarsu ko ba ka yi, kafin 1976 ko zaɓen wani ba za su iya yi ba, balle a zaɓe su. Amma fa har yanzu akwai gidaje a cikinmu da maigida yake da katin zaɓe, matarsa ba ta da shi, ko kuma tana da shi yana cikin aljihunsa.

A shekarunta na ƙarshe ta janye daga siyasa, ta ci gaba da zama a Zariya cikin jama'arta. Allah Ya yi mata rasuwa a watan Oktoba na 2001. Babban asibitin da ke Ƙofar Gayan a Zariya yana ɗauke da sunanta, haka ma wani ɗakin kwanan ɗalibai mata a Jami'ar Bayero ta Kano. Allah Ya jiƙanta, Ya gafarta mata kurakuranta, Ya jiƙan iyayenmu baki ɗaya, amin.

Sakataren Masallaci