Muhammadu Al-Katsinawi, Malamin Lissafin da Ya Rasu a Baƙunci

A wannan Juma'ar mun ɗauko tarihin wani malami ɗan ƙasarmu, saboda ƙorafin da muke ji daga yaranmu na aji ɗaya na babbar sakandare. Sun ce darasin tari mai iyaka da tari marar iyaka ya ƙi shiga kansu, har wasu na cewa ai lissafi na Turawa ne. To, a saurara.

Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu, Bafulatani daga ƙasar Katsina, Larabawa na kiransa Al-Kishnawi. A gida ya fara karatu, ya ƙware a nahawu da ilimin taurari da hisabi. Wajajen 1730 ya kama hanyar hajji, a zamanin da tafiyar ke cin watanni a ƙafa da bayan raƙumi. Bayan ya sauke farali sai ya zauna a Alƙahira. Mai masaukinsa shi ne Shehu Hasan Al-Jabarti, babban malami wanda shi ma kakanninsa baƙi ne daga wajajen Habasha.

A 1732 ya rubuta littafi da Larabci a kan hatimi, wato zanen gidaje da ake cika su da lambobi. Mu dai ɓangaren lissafin muke magana. A zana gida uku a tsaye, uku a kwance, a zuba 1 zuwa 9, kowane layi ya ba da 15. Idan biyar-biyar ne, 1 zuwa 25, kowane layi 65. Bakwai-bakwai kuwa 175. Malam ya bayyana hanyoyin cika hatimin da yawan layukansa mara ne, ba cika ba.

Yara, ga darasinku nan. Lambobin cikin hatimi mai uku-uku guda tara ne, ka ƙirga ka gama. Wannan shi ne tari mai iyaka. Amma lambobin mara, 3, 5, 7, 9, ina na ƙarshensu? Duk wadda ka ambata, a ƙara mata 2 an samu wata. Wannan shi ne tari marar iyaka. Ba mai iya zana hatiman duka, shi ya sa malami ke neman ƙa'ida ɗaya da za ta yi aiki a kan kowanne.

Inda ake yawan faɗuwa a jarrabawa shi ne ɗaukar yawa a matsayin rashin iyaka. Ƙwayoyin shinkafar da ke cikin duk buhunan kasuwar Dutse suna da yawa ƙwarai, amma da za a zauna ƙirga su, wata rana za a kai ta ƙarshe. Tambayar ɗaya ce: ƙirgar za ta ƙare ko ba za ta ƙare ba? Sai a 1874 wani Bajamushe, Georg Cantor, ya fara kafa ilimin tari yadda ake koyar da shi yau.

Malam bai koma Katsina ba. Allah Ya yi masa rasuwa a Alƙahira a 1741, a gidan mai masaukinsa, ya bar littattafansa a hannunsa. Ɗan gidan, Abdurrahman Al-Jabarti, wanda aka haifa bayan rasuwar, shi ya sa tarihinsa cikin shahararren littafinsa na tarihin Masar.

Mu ma baƙi ne a nan Dutse Alhaji, nema ya kawo mu. Shi abin da ya kai ƙasar mutane ilimi ne, har manyansu suka karɓe shi hannu bibbiyu. Don Allah iyaye, a daina janye yaro daga aji zuwa shago saboda ya faɗi lissafi sau ɗaya. Yau da daddare a ba shi takarda ya gwada hatimin uku-uku.

Allah Ya jiƙan Malam, Ya sa wa zuri'armu albarka. Amin.