Umaru Ganda, ɗan dakon da ya zama mai shirya fim

An haifi Umaru Ganda a Yamai a 1935. Bayan ya yi wa Faransa yaƙi a Indochina, ya dawo gida babu aikin yi, sai ya tafi ci-rani Abijan, yana dako a tashar jiragen ruwa. A can Bafaranshen nan Jean Rouch ya sa shi a fim ɗin Moi, un noir na 1958, wanda ya nuna wahalar 'yan Nijar masu ɗaukar buhuna don abincin yini. Ganda da bakinsa ya ba da labarin. Daga baya ya koma bayan kyamara, har fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya lashe babbar kyautar FESPACO a 1972. Ya rasu a 1981.