Curliyonis, makaɗin da ya zana kiɗansa

Masu karatu, yau za mu yi nisa, can ƙasar Lituwaniya, bakin tekun Baltik, a zamanin da take ƙarƙashin sarkin Rasha. Nan aka haifi Mikaloyus Curliyonis ran 22 ga Satumba 1875. Ubansa makaɗin majami'a ne a garin Druskininkai, ɗan kuwa ya gaji hannun tun yana yaro. Wani basarake, Oginski, ya ɗauki nauyin karatunsa. Ya yi makarantar kiɗa ta Warso daga 1894 zuwa 1899, sannan ta Laifzik a Jamus.

Da ya tsaya nan, da asirinsa ya rufu. Sai ga shi a 1904, yana dab da shekara 30, ya koma ɗan makaranta don koyon zane.

Abin da ya sa ake tuna shi ke nan. A wurin Turawa, sonata wani dogon kiɗa ne mai babi uku ko huɗu, wani da gaggawa, wani a natse. Curliyonis ya ɗauki wannan tsari ya shimfiɗa shi bisa takarda, har sonata 7: ta rana, ta taurari, ta maciji, da sauransu. Kamar yadda makaɗi ke maimaita salo guda yana jujjuya shi, haka yake maimaita siffa guda, ta yi girma, ta ƙanƙance, ta sake ɓullowa. A babin ƙarshe na Sonatar Teku, ta 1908, wata igiyar ruwa ta miƙe kamar tsauni bisa ƴan ƙananan jirage, kuma cikin kumfarta ya ɓoye haruffan sunansa. A ganinmu, ba shi da zanen da ya fi wannan ban tsoro.

Hotuna wajen 300 ya bari, cikin shekara 6 kacal, galibinsu bisa takarda da kwali, domin aljihunsa bai kai ga abin da ya fi su ba. Shi ya sa har yau ake tsare su daga hasken rana a gidan tarihin da ke ɗauke da sunansa a Kaunas.

Abin mamaki, harshen Polan aka yi masa goyo da shi. Sai da ya girma ya ƙware da na Lituwaniya, wanda Rasha ta hana bugawa da haruffan boko daga 1864 zuwa 1904, da taimakon marubuciya Sofiya Kimantaite, wadda ya aura a 1909.

Ƙarshen shekarar nan ciwon ƙwaƙwalwa ya kama shi. Aka kwantar da shi wani asibiti kusa da Warso, inda ciwon huhu ya ɗauke shi ran 10 ga Afrilu 1911, yana da shekara 35, bai taɓa ganin ɗiyarsa ba. Manyan kiɗansa biyu ma bai ji an kaɗa su gaban jama'a ba: Cikin Daji sai a 1912, Teku kuwa sai a 1936.