Hirohito, Sarkin Japan

An haifi Hirohito a birnin Tokiyo a shekarar 1901, ya gaji mahaifinsa a 1926. A zamaninsa ne sojojin Japan suka bazama cin ƙasashe. Suka kama Manchuriya a 1931, suka afka wa Sin a 1937, suka kai wa Amurka hari a 1941. A 1942 suka ci Bama, inda daga baya Hausawa da dama suka gwabza da su a ƙarƙashin tutar Ingila.

Amma ƙarshen alewa ƙasa. A watan Agusta na 1945 Amurka ta jefa bam ɗin atom a Hiroshima da Nagasaki, Sarki da bakinsa ya shaida wa talakawansa ta rediyo cewa an miƙa wuya. Sojojin Amurka suka zauna ƙasar har 1952.

An rataye tsohon firaminista Tojo a 1948, amma Janar MacArthur ya kare Sarki daga shari'a, domin ya ga sai da shi ƙasa za ta kwanta. Tsarin mulkin 1947 ya bar masa gadon sarauta, ya raba shi da iko. Ya mutu a 1989. Har yau masana tarihi suna gardama a kan rabonsa na alhakin jinin da aka zubar da sunansa.