Maikel Faraday, Ɗan Maƙeri

An haifi Maikel Faraday a gefen Landan cikin 1791. Ubansa maƙeri ne matalauci, saboda haka bai yi nisa a makaranta ba. Yana ɗan shekara 14 aka kai shi koyon ɗinkin littattafai. In an kawo littafi ɗinki, sai ya karance shi. Wani na Jane Marcet, mai bayyana kimiyya a sauƙaƙe, shi ya kama zuciyarsa.

Cikin 1831 ya gano yadda ake samun lantarki daga maganaɗisu. Amma ku masu koyon malanta, ku dubi wannan: a kan kyandir kawai ya yi wa yara lacca har shida, aka buga su littafi cikin 1861. Ya rasu cikin 1867.