Labarin Gilbert Harding, Mai Cankar Sana'a

An haifi wannan Bature a Ingila cikin 1907. Ubansa ya rasu yana ƙarami, ya tashi gidan marayu, har ya kai jami'ar Kambrij. Ya yi malanta, ya yi ɗan sanda, sa'an nan ya shiga BBC. Cikin 1951 aka soma wani wasa a talabijin: a kawo baƙo, mutum huɗu su yi ta tambayarsa har su canki sana'arsa. Harding na cikinsu. Ilmi gare shi, amma ba haƙuri. Yakan daka wa baƙo tsawa, jama'a kuwa faɗan suke zuwa kallo. Shi kansa ya raina wannan suna. Ya faɗi matacce a ƙofar BBC cikin 1960, shekarunsa 53.