A. K. Erlang (1878-1929): Malamin Makarantar Da Ya Yi Wa Layi Lissafi

'Yan'uwa tsofaffin ɗalibai, da ƙannenmu da ke makaranta a yanzu, duk wanda ya zauna ajin lissafi zai tuna da tambayar nan da muka sha yi wa junanmu a ɓoye, wato wai shin ina amfanin wannan wahala bayan an gama jarrabawa? A wannan fitowa na ga ya dace in kawo tarihin wani mutumin ƙasar Danmak wanda rayuwarsa ta amsa tambayar. Ya ɗauki abin da kowa ya sani kuma kowa ya ƙi jini, wato tsayawa layi, ya yi masa lissafi, har ya zama da wannan lissafi ake tsara hanyoyin tarho, daga baya kuma aka ɗora tsarin hanyoyin sadarwar kwamfuta a kansa.

An haifi Agner Krarup Erlang ran 1 ga watan Janairu, 1878, a wani ƙauye da ake kira Lonborg a yankin Jutland. Mahaifinsa malamin makarantar ƙauyen ne, kuma a hannunsa yaron ya fara karatu. Ta wajen mahaifiyarsa ya haɗa jini da Thomas Fincke, masanin da ya shigo da kalmomin tangent da secant waɗanda muka sha fama da su a aji huɗu da aji biyar. Yana ɗan shekara 14 ya tafi Kofanhagan, babban birnin ƙasar, ya zauna jarrabawar share fage ta jami'a. Sai da aka ba shi izni na musamman saboda shekarunsa ba su kai ba, amma ya ci da sakamako mai daraja. Daga nan ya koma ƙauye ya yi shekara biyu yana taya mahaifinsa koyarwa.

Gidansu ba na masu hali ba ne. Wani ɗan'uwansu na nesa ne ya ba shi masauki da abinci kyauta, ya samu damar shirya wa jarrabawar shiga jami'a, wadda ya ci a 1896 har aka ba shi tallafin karatu. Ya kammala Jami'ar Kofanhagan a 1901, lissafi ne babban fanninsa, ya haɗa da ilmin taurari da fiziks da kemistiri. Bayan haka ya yi shekara bakwai yana koyarwa a makarantu daban-daban. A tarurrukan ƙungiyar masana lissafi ta ƙasar ne ya sadu da Johan Jensen, babban injiniyan Kamfanin Tarho na Kofanhagan, wanda shi ma gwanin lissafi ne. Ta wannan hanya kamfanin ya ɗauki Erlang aiki a 1908, aka danƙa masa ɗakin bincike na kamfanin.

Matsalar da ya tarar mai sauƙin faɗa ce. Masu tarho suna da yawa, amma ba kowa ke buga waya a lokaci guda ba, don haka babu dalilin a ja wa kowane mutum tasa hanyar zuwa ko'ina. Hanyoyi kaɗan ake shimfiɗawa tsakanin cibiyoyin haɗa kira, jama'a su yi tarayya a kansu. To, hanya nawa za a shimfiɗa? In an yi kaɗan, mai kira zai tarar duk a cike, ya yi ta jira ko ya haƙura. In an yi da yawa, an binne kuɗin kamfani a ƙasa, wayoyi na kwance ba aiki. Abin da ya ƙara dagula al'amarin shi ne babu wanda ya san lokacin da wani zai ɗaga tarho, ko minti nawa zai yi yana magana.

Erlang bai tsaya ga alli da allo ba, domin gani ya kori ji. An san shi da bin titunan birnin tare da lebura mai ɗauke da tsani, yana sauka ramukan wayoyin ƙarƙashin ƙasa don ya auna abin da ke gudana da kansa. A 1909 ya wallafa maƙalarsa ta farko kan wannan batu, inda ya nuna cewa ko da yake ba a iya faɗin lokacin da mutum ɗaya zai yi kira, yawan kiran jama'a gaba ɗaya yana bin wata ƙa'ida ta lissafin yiwuwar aukuwar abu, wadda aka sani da sunan Bafaranshen nan Poisson. A 1917 ya fitar da aikinsa mafi muhimmanci, mai ɗauke da ƙa'idoji biyu. Ta farko tana faɗin kaso nawa na kira ne zai tarar da hanyoyi a cike ya faɗi. Ta biyu kuma, inda ake barin mai kira ya jira, tana faɗin yiwuwar ya jira da tsawon jiran.

Bari mu ga misali. In hanya ɗaya ta yi awa guda cur tana ɗauke da magana, wannan nauyi ɗaya ke nan. Kira 30 na minti biyu-biyu cikin awa shi ma nauyi ɗaya ne. A ce gari yana da nauyi 5. Mai gaggawa zai ce hanya 5 ta isa, amma ƙa'idar Erlang ta nuna fiye da kashi 28 cikin 100 na kira zai faɗi, saboda kira ba ya zuwa a jere, wani lokaci ya taru wani lokaci ya yi shiru. Da hanya 10 sai asarar ta sauko ƙasa da kashi 2. Abin sha'awa kuma, in nauyin ya kai 50, hanya 61 ta isa a tsaya a wajen kashi 2 ɗin, ba sai an shimfiɗa 100 ba. Ashe tarayya mai yawa ta fi araha. Ba da daɗewa ba kamfanonin tarho na ƙasashe da dama suka karɓi ƙa'idar, har da hukumar gidan waya ta Ingila.

Bai taɓa yin aure ba. Mutum ne mai kawaici, mai tara littattafai, yakan kai dare yana aiki, kuma an shaide shi da taimakon mabukata ba tare da tallata kai ba. Ya kuma yi aiki a kan inganta jadawalin logarizim, irin wanda mu ma muka riƙa shiga ɗakin jarrabawa da shi. Ya yi kusan shekara 20 a kamfanin. Ya rasu ran 3 ga watan Fabrairu, 1929, a Kofanhagan, bayan an yi masa aiki a ciki, yana da shekara 51. A 1946 kwamitin ƙasa da ƙasa mai kula da harkar tarho ya sa wa ma'aunin nauyin nan da muka ambata suna erlang, kuma da shi injiniyoyin wayar salula suke auna yawan kiran da turken sadarwa zai iya ɗauka. Cunkoson da mukan gani ran salla, lokacin da kowa ke son gaida kowa, irin matsalar da ya warware ce.

Erlang ya rasu kafin a ƙera kwamfuta, amma aikinsa ya riske ta. Saƙon kwamfuta ba kamar hirar tarho ba ne: yakan zo farat ɗaya, sannan a yi shiru, don haka asara ce a ware masa hanya shi kaɗai. A shekarun 1960 Paul Baran a Amurka da Donald Davies a Ingila, kowa daban, suka kawo dabarar yanka saƙo ƙunshi-ƙunshi, kowane ƙunshi ya bi ta zango-zango har ya isa. A kowane zango, in hanyar gaba tana aiki, sai ƙunshin ya jira nasa lokaci. Layi ya dawo ke nan. Leonard Kleinrock, a binciken digirinsa na uku a cibiyar MIT a 1962, wanda ya zama littafi a 1964, ya yi amfani da lissafin layi ya ƙididdige jinkirin saƙo a irin waɗannan hanyoyi, da yadda ya kamata a raba ƙarfi a tsakaninsu. Daga ɗakin bincikensa a Jami'ar Kalifoniya da ke Los Angeles aka aika saƙon farko na ARPANET, kakar intanet, ran 29 ga watan Oktoba, 1969, kuma nan aka ɗora wa alhakin auna yadda hanyar ke aiki.

Darasin da lissafin ya ba masu tsara waɗannan hanyoyi shi ne kada a cika hanya maƙil. A bisa ƙa'ida mafi sauƙi, in hanya tana iya wuce da ƙunshi 100 a sakan, kuma 50 ne ke zuwa, kowane ƙunshi yakan ɗauki kashi ɗaya cikin 50 na sakan. In 90 ke zuwa, sai ya koma kashi ɗaya cikin 10. In kuwa 99 ne, sakan guda cur. Nauyi bai ko ninka sau biyu ba, jinkiri ya ninka sau 50. Shi ya sa injiniya nagari yake barin sarari, ko da mai biyan kuɗi zai ga kamar ɓarna ce. A shekarun 1990 bincike ya nuna saƙonnin kwamfuta sun fi kiran tarho zuwa a dunƙule, aka sake gyara ƙa'idojin, kuma ta hanyar da Erlang ya bi aka gano haka, wato a auna tukuna sannan a lissafa. Kamfanin Ericsson na ƙasar Suwidin ma ya raɗa wa wani harshen tsara manhaja da ya fara ƙirƙira a 1986 suna Erlang.

Mu da ke aiki a ofisoshi akwai abin dubawa a nan. Layin asibiti da na banki da tarin fayil a kan tebur duk ƙa'idar nan suke bi: ma'aikacin da aka cika wa aiki maƙil, ƙaramin tsaiko ya isa ya tara masa jama'a har bakin ƙofa. Ku kuma ƙannenmu, ku lura cewa ɗan malamin ƙauye ne wannan, wanda ya yi karatu da taimakon dangi da tallafin jami'a. Saboda haka ina kira ga ƙungiyarmu da ta riƙa tunawa da yara masu hazaƙar lissafi waɗanda rashin hali ke neman tsayar da su. Allah Ya sa mu dace, amin.